Farin Rim Huɗu da Tsinken Ashana

Ana sallame sallar asuba muka tashi daga Kazaure, ni da maƙwabcina Alhaji, tsohon direba da ya daɗe da ajiye aiki. Babura muka nufa. Na ce masa taya za ni saya, ya zo ya taya ni zaɓe. Ban gaya masa akwai wani guntun kara a ƙarƙashin kujerata ba, ban kuma gaya masa abin da ke cina ba. Ku zan gaya wa yau, tunda abin ya riga ya faru.

Motar da nake ja ta marigayi mahaifinmu Malam ce, mai dogon baya, ta ma girmi autanmu. Tun rasuwarsa ita ke kai Inna zagayen zumuncinta duk shekara bayan an yanke gero, Roni wajen yayarta, Gwiwa wajen ƙannenta. Bara sai auta ya sayi tasa motar. Ita ma tsohuwa ce, amma ya cire mata baƙin rim, wato ƙarfen da taya ke zama a kai, ya sa mata farare na alminiyam masu ɗaukar ido. Ranar tafiya na wanke motata na buɗe ƙofa ina jira. Inna ta fito, ta zagaya motar, ta sunkuya ta dubi ƙafafunta, ta wuce ta shiga ta auta. 

Ni ne ɗanta na fari, ita kuma mutuniyar zamanin da ce. Ba ta kama sunana, ba ta zama hira da ni, in tana da saƙo sai ta faɗa wa wani ina ji. Auta kuwa har kunnensa take ja suna dariya. Don haka babu ta inda zan tambaye ta dalili, sai na yanke wa kaina hukunci cewa ƙyalli ta gani. Shekara guda cur ina kishin rim ɗin ƙanina, ni da furfura ta fara fito min a gemu. Ranar wata Juma'a, yana ciki yana cin abinci, na durƙusa a gefen motarsa na karya kara daidai faɗin rim ɗinsa. Irinsa nake so, kuma sai nawa ya fi nasa haske.

Gari ya waye mana muna barin duwatsun Kazaure a baya. Kaka ta yi kyau bana. Dammunan gero jere a bakin gonaki, amalanken shanu na tafiya a tsakiyar titi babu ruwansu da hon. A Achilafiya muka tsaya shan koko. Ƙosan mai kokon ya yi daɗi, sai dai ya ƙanƙance, Alhaji ya ɗaga ɗaya ya tambaye ta ko na jarirai ne ta ba mu. Ta ce ya je ya tambayi kuɗin wake ya dawo. Daga nan hanya ta ɗan yi ramuka, motar tana bi tana nishi irin nata, har muka wuce Kanya Babba inda Alhaji ya sa na tsaya ya sayi dafaffiyar gyaɗa ya cika min mota da ɓawo.

Babura ta cika maƙil, ranar kasuwa ce. Rabin cinikin da sefa ake lissafa shi, kuma duk wanda ka ce wa kayansa sun yi tsada sai ya ce sefa ce ta tashi, ko da rake yake sayarwa. Muka isa wata rumfa da aka tara tayoyin gwanjo kamar an gina katanga. Tun daga nesa na hango su a jingine, farare guda huɗu, da tayoyinsu a jiki. Na zaro karan nan na ɗora. Ya zauna cif.

Alhaji ya dubi karan, ya dube ni. “A jikin motar wa ka auna wannan?”

Na ce ai rim rim ne.

Bai yi musu ba. Ya buɗe ƙofar direba ya nuna min wani ɗan ƙarfe da aka manna a jikin ginshiƙin, wanda na yi shekaru ina gogarsa da gwiwa ban taɓa karantawa ba. A kansa aka rubuta lambar tayar da motar ke ɗauka. Ya nuna min lambar da ke jikin fararen, ba su zo ɗaya ba, sun fi faɗi kuma sun fi girma. Ya ce abu huɗu ake dubawa kafin a dubi kyau: lambar taya, tazarar ramukan noti, girman ramin tsakiya, da yadda rim ɗin ya shige ciki ko ya fito waje. Ya ce akwai ma wasu lambobi huɗu a gefen taya da ke faɗin mako da shekarar da aka yi ta, don taya tana tsufa ko ba ta taɓa taka ƙasa ba. Ni kuwa ina ta ganin fuskata a jikin alminiyam.

Mai rumfar ya ƙirga ramukan da yatsa. “Alhaji, huɗu ne nan, huɗu ne can. Me ya rage?”

“Tazara ta rage,” in ji Alhaji. “Ka ɗora ɗaya. In noti ya shiga da yatsa biyu, mu saya.”

Aka ɗaga mota a jak aka ɗora. Noti biyu suka shiga lafiya, na uku ya cije, na huɗu ya karkace. Mai rumfar ya zura wa sifana dogon bututu, ya hau kai da ƙafa yana tsalle har ya ɗauru. Ya ce shi ke nan, sabon abu dama sai ya saba. Na yarda, don ina son in yarda. Mai rumfar ya so in bar masa tsofaffin baƙaƙen rim ɗina a rage min kuɗi, har na amsa, Alhaji ya ce atafau sai an zuba su a but ɗin mota. Shi ya ɗauke su ɗaya bayan ɗaya da tsufansa, bai bari na taɓa ba.

Muka ci balangu a bakin tasha, mai taushi da yaji mai kama harshe, sannan muka juyo. Da na ɗan taka mota sai sitiyari ya kama rawa a hannuna. Duk kwanar da na sha sai in ji wani ƙuuu daga gaba, tayar tana gogar jikin mota. Na ƙara muryar rediyo. Alhaji ya ci gaba da ɓare gyaɗarsa har gida, sai da zai sauka ya ce a ajiye tsofaffin a zaurensa.

Washegari ce ranar zagayen Inna. Na faka mota a ƙofar gida daidai inda rana za ta same ta. Inna ta fito da ƙunshin tsarabarta, matata na biye da ita. Ta zagaya motar, ta sunkuya ta dubi ƙafafun kamar bara. Sai ta buɗe ƙofar baya ta shiga. Jama'a, daɗin da na ji ba zai faɗu ba. Auta yana tsaye da makullinsa a hannu, ya yi dariya ya ce, “Yaya, yau ka kasa ni. Allah ya kiyaye hanya.” Yadda abin bai dame shi ba shi ma sai da ya ba ni haushi.

Hanyar Roni gajera ce, duwatsu hagu da dama, awaki a kan kowane tudu. Na bi a hankali don kada sitiyari ya tona min asiri. A gidan yayar Inna aka dama mana fura da nono mai kauri, tsofaffin biyu suka shige ɗaka suna lissafin waɗanda suka rasu da waɗanda suka haihu. Ni kuwa na fito waje na zauna kusa da mota, duk wanda ya wuce ya yaba sai in ce ai ba wani abu ba ne.

Bayan azahar muka kama hanyar Gwiwa. Akwai wani yanki da ruwan bana ya cinye, mota sai faɗawa take tana fita. Ƙarar gaba ta canza, ta koma ƙwas-ƙwas. Na ji, na yi kamar ban ji ba. Sai na ji muryar Inna daga baya tana ce wa matata, “Ki ce wa mai motar nan ƙafarsa ta gaba tana magana.”

Na gangara gefe na tsaya. Na zagayo na duba. Tayar gaban, ta ɓangaren da Inna ke zaune, ta kwanta gefe. Notin da aka hau da bututu ya karye da bol ɗinsa, sauran ukun kuwa da yatsa na juya su. Gefen tayar ya yanku inda take gogar ƙarfe. Da na ƙara ko da tafiyar minti biyar ce, da ƙafar ta fice ta bar mu, da mahaifiyata a ciki. Na tsaya ina kallon abin, ina ta innalillahi a zuci.

Babu wanda zan kira sai wanda ba na son kira. Auta ya iso kafin la'asar, da Alhaji a gaba, da baƙaƙen rim ɗina huɗu a bayan motarsa. Bai yi min dariya ba, ya tuɓe riga ya kama jak. Wallahi da ya yi dariyar da ya fi min sauƙi.

Inna tana zaune a kan tabarma a gindin wata bishiyar maina. Da aka mirgino tsofaffin tayoyin ta gabanta sai ta sa hannu ta tare ɗaya. Ta kwance bakin zanenta ta ciro ashanar da take kunna turare da ita, ta zari tsinke ɗaya ta tsayar da shi a cikin zanen tayar, kansa a ƙasa. Kan ashanar ya fito fili gaba ɗaya, don tayar ta suɗe ta yi sanƙo. Ba ta dube ni ba, Alhaji ta duba.

“Alhaji, Malam duk safiyar Juma'a haka yake yi. In taya ba ta ɓoye kan ashana ba, ba ya ɗaukar iyalinsa a kanta. Bara na ga ta mutumin nan har waya ta leƙo. Na ce in na ƙi shiga zai gane ya canza.” Ta mayar da tsinken cikin kwali. “Yau da safe na ga zane mai zurfi, na ce ya gane. Ashe farin ya saya.”

Alhaji ya sunkuyar da kai yana ɗaure noti. Ni ma na samu abin dubawa a ƙasa.

Ta shiga motar auta ta ƙarasa Gwiwa. Ni na biyo su a baya da noti uku a ƙafar gaba, ina tafiya kamar mai rakiyar amalanke, ina hango mayafinta ta gilashin bayansa har suka ɓace min. Kafin in isa an gama yi wa auta sannu da ɗawainiya, an ajiye masa kwanon dambu da kai na musamman. Wani makaniki a bakin kasuwa ya canza min bol ɗin da ya karye. Dambun ya yi daɗi, na ci nawa a tsaye a wajen makanikin. Kafin magariba muka dawo Kazaure, Inna a motar auta, ni da Alhaji da farin rim huɗu a but.

Kwana biyu da dawowa na ce wa auta ya zo ya gwada su, tunda ɗaya daga cikin nasa ya lanƙwashe. Aka ɗora, notin nan suka shige da yatsa biyu, sumul. Dole su shige, ai a jikin motarsa na auna. Yanzu duk dangi sun ji cewa Yaya ya je har Babura ya sayo wa ƙaninsa rim, ana ta sa min albarka a kan zumunci. Ina amsawa da amin, Alhaji yana kallon sama.

Abin da tafiyar nan ta koya min ba shi da yawa. Kafin ka sayi ƙafar mota, ka karanta lambar da ke jikin ƙofarka, ba ta maƙwabci ba. Yawan ramuka ba ya wadatarwa, in noti bai shiga da hannu ba kada ka bari a hau shi da bututu. Kishin kuwa ba zan yi muku ƙarya in ce ya tafi ba. Har yau in auta ya wuce rana ta haska rim ɗin nan, sai na kau da kai.

Na sayi tayoyi huɗu masu lambar da motar ke ɗauka, na duba shekararsu, aka ɗora su a kan baƙin rim ɗin Malam. Babu wanda ya yaba. Juma'ar da ta wuce da safe na fito zan tafi aiki, sai na tarar da Inna a sunkuye a gefen motar da kwalin ashana a hannu. Na koma zaure na laɓe har ta gama ƙafa huɗun. Ta miƙe, ta kakkaɓe zanenta, ta ɗaga murya ta kira matata.

“Ki ce wa mai motar nan jibi za ni suna Babura. Kada ya makara.”