Tururuwar da Ta Yi Tsalle

Ranar wata Alhamis ce, a bazarar da ta biyo bayan farin tamanin da huɗu, lokacin da ko ɓeraye sun yi ƙaura daga rumbunanmu a Darini. Mata sun koma tonon gidan tururuwa don ƙwato ɗan geron da ƙwarin suka tara. Ƙa'idar ita ce duk wadda ta riga gano gida ta kafa kara a bakinsa, to nata ne, ba mai taɓawa.

Inna ba ta iya fita ba, ƙanena Sani yana kwance, cikinsa ya daina karɓar kwaɗon tafasa, sai kunu, mu kuwa ko tsaba ba mu da ita. Ta miƙo mini kara ta ce, "Ki bi tururuwar da ta ɗauko kaya a baki, ita ce mai komawa gida."

A tsohuwar masussuka na tarar da su sun warwatsu. Na zaɓi wata baƙa mai ƙaton abu a baki, na bi ta da rarrafe, ƙaya na sukar gwiwata, ina ta yi mata kirari a zuciya. Ta bar 'yan'uwanta, na ce gajeriyar hanya ta sani. Sai da ta hau wani kalgo ta juyo ta ƙura mini manyan idanu, ta daka tsalle, ta tsaya tana lilo a jikin zare. Ashe gizo-gizo ne! Ƙafafunsa na gaba yake ɗagawa su zama ƙahonni, kayan da na gani kuma bakinsa ne kawai.

Ko da na dawo a guje, Gwaggo, ƙanwar babanmu, ta riga ta gano gidan tururuwar, ta kafa karanta tana haƙa. Na tsaya ina kuka. Ba ta ɗago ba, ta ce, "Ɗiyata, ni ma bakuna na baro gida." Gero cikin ƙwarya ta samu, ta wuce ta ƙofar gidanmu da shi. Sani bai ga damina ba. Ban ce geron zai tashe shi ba, kwana ne ya ƙare, amma har Gwaggo ta rasu gaisuwar fatar baki nake yi mata.

Yau ina Batsari tare da waɗanda suka baro ƙauye, gonaki suna can ba mai iya leƙa su saboda 'yan bindiga. A wancan lokacin yarinya takan shiga daji ita kaɗai, abin da zai cuce ta bai wuce ƙwaro ba. Ban taɓa zaton zan yi kewar waccan shekarar ba.