Shekarar da Ta Ƙi Juyawa

Ina yaro a Badafi, zamanin da ake dalar gyaɗa a Kano, mahaifina ya tafi cirani Kurmi, daga nan ko labarinsa. Da damina ta yi ta wucewa, yayansa Baffa Sule ya ce a yi masa sadakar mamaci, a raba gonarsa. Kakata Iya Delu, wadda ta haife su, ta ce ba da ita ba.

A cikin wannan rigimar ne, wata ranar sanyi bayan magariba, ta hura wutar kara a ɗakinta ta ce, "Matso nan, mijin banza, ko itace ba ka kawo mini ba. Ga ta nan, buɗe kunne." Ta ɗaga murya yadda Baffa zai ji daga zaure.

A ƙasar Bayan-Sama, in ji ta, farin wata bafatake ne, kuma sunan tauraron da ya sauke shi ake kiran watan da shi: watan Zara, watan Gamzaki, watan Kaza. Duk lokacin da rana ta kama wata, zamani ya ƙare, tsoho da jariri su faro shekarunsu daga fari. Amma shekara ba ta juyawa sai taurarin Kaza sun fito ta gabas, uwar ta duba 'ya'yanta ta ga sun cika.

Sai ɗa guda ya ɓace. Sarkin ƙasar ya gaji da tsohuwar shekara, ya aika wa Kaza cewa ta yi shelar sabuwa, ai ɗa ɗaya ba ya tsayar da duniya. Kaza ta ce, "A gaya masa ya hau sama ya juya ta da hannunsa."

Baffa ya leƙo ya ce, "Iya, ki yi haƙuri, shekaru fa sun ja."

"A lissafinka. A nawa, shekarar da ya tafi ba ta ƙare ba."

Ba a raba gonar ba, kuma mahaifina bai dawo ba. Na daɗe ina jin haushin taurin kanta, don ta hana ni ko kukan maraici. Sai da na haifi nawa na gane: ba wanda ya kawo mata gawa ko shaida, gajiyar mutane kawai aka ce ta karɓa a matsayin mutuwar ɗanta.

Ranar sadakar ukunta, Baffa ya ja ni gefe ya ce a haɗa addu'ar da ta ƙaninsa, a huta. Na ce masa, "Baffa, ita kaɗai muka binne."