Mai Buɗe Ƙofa Daga Barazil

Shekara tara ke nan da rasuwar Alhaji Yusufu, wanda 'yan unguwarmu ta Misfala suka fi sani da Alhaji Barazil. A gidanmu yake sauka duk sa'ad da ya zo Makka, don kakarsa ta gaya masa cewa su jinin Hausawa ne da aka kai Barazil zamanin bauta. Hausarsa ba ta wuce "sannu" ba, Larabcin ma sai a hankali. Rabin hirarmu da hannu muke yinta a shagona na ɗinki.

Kafin ya musulunta sunansa Bento, sana'arsa fitowa a fim. Na ɗauka cika baki ne, sai da ya nuna mini a wayarsa. A zamaninsu baƙin mutum ba ya wuce direba, ɗan dako ko mai buɗe ƙofa. Kullum yana can baya, galibi ko sunansa ba a rubutawa. Na ce masa, "Ya shaikh, wallahi wannan ai gadi ne, ba fim ba!" Ya yi dariya, ya nuna mini wuyansa a hoton. An sha umartarsa ya sunkuyar da kai idan maigida ya shigo, bai taɓa yi ba. Ya rasa ayyuka da dama saboda haka.

Bana wata malamar jami'a daga ƙasarsu ta bugo mini waya ta bakin tafinta, bayan ta tsinci lambata cikin takardunsa. Tana rubuta tarihin fina-finansu. Ta ce matasa baƙaƙen fata da suke jan ragamar fim a yau sun gano shi, suna nuna wa juna wannan tsayuwar tasa. Da yana raye na san kafaɗa kawai zai ɗaga, kamar mai cewa dama ya faɗa. Sannu ba ta hana zuwa, sai dai a daɗe ba a je ba.

Matsalar ita ce bai bar 'ya'ya ba, kuma a ƙarƙashin sunansa ta rubuta cewa ba a san ƙarshensa ba. Da na gaya mata a nan Makka ya rasu, sai ta ce tana son hoton kabarinsa mai ɗauke da suna, in babu, ta bar shi a haka. Wannan ya sosa mini rai. A nan ba a rubuta suna a kabari, attajiri da ɗan dako dutse iri ɗaya ake aza musu.

Na ce mata hoto babu, amma shaida tana nan, kuma ba na shakkar ta isa. Ni na yi masa wanka, ni na ɗinka likkafaninsa, da kafaɗata aka kai shi Harami bayan La'asar. Ina kewarsa har gobe. Na ce ta goge wancan layin, ta rubuta abin da idona ya gani: dubban mutane sun yi sahu, an yi tsit, kuma a ranar shi aka ajiye a gaba, kowa yana baya.

Allah Ya jiƙan Alhaji Barazil.