Takalmi a Farantin Kifi

Ranar da na yi gudun ƙarshe a rayuwata, 'yata ce kwance a kan tabarma tana naƙuda tun jiya, ɗa kuma ya ƙi sauka. Hantsi ya riga ya ɗaga. Maƙwabciyata, wata Bayarbiya irin waɗanda a nan garin Bahiya ake ce wa Nago, ta shafa cikin, ta sake shafawa, sannan ta ja ni bakin ƙofa ta ce da ni ƙasa-ƙasa, "Ɗan nan a gicciye yake. Ni ban iya juya shi ba. In ba a ɗauko tsohuwar ungozomar nan ta layin Ladeira da Praça ba, to..." Ba ta ƙarasa ba, ni ma ban nemi ta ƙarasa ba.

Mu muna unguwar Água de Meninos, can ƙasa bakin teku. Ungozoma tana sama, cikin gari, kan tudu. Mijin 'yata yana kan ruwa da sauran masunta, nawa mijin ya daɗe da rasuwa. Matan da suka cika ɗakin duk suka juyo suna kallona, kuma ba fuskata suke kallo ba, ƙafafuna suke kallo.

Bari in faɗa muku dalilin kallon.

An kawo ni garin nan a matsayin baiwa daga ƙetaren teku ina ƙarama, ko famfara ban gama ba. Wata Baturiya mai jiragen kamun kifi ta saye ni, da na tasa ta haɗa ni da matan da ke yi mata talla. Ga yadda aikin yake: jirage su iso da safe, a cika wa kowace farantinta na katako, a rufe da ganyen ayaba, ta aza a kan gammo, sai gudu. Ranar garin nan ba ta yi wa kifi uzuri. Masu dafa abinci na manyan gidajen kan tudu kuwa, wadda ta fara isowa ita suke saya wa. Ta ƙarshe sai ta dawo da kifi yana wari, ta tarar bulala na jiranta.

Wadda ta koya mini gudun wata Bazazzagiya ce, Gwaggo nake ce mata ko da yake ba jini ɗaya muke ba. Ranar farko na fita da ƙarfina duka, na bar kowa a baya ina jin kaina sarauniya. Kafin in kai rabin hawan tudu sai amai. Gwaggo ta zo ta wuce ni a hankali, ko kallona ba ta yi ba. Da yamma ta ja kunnena ta ce, "Ke 'yar nan, sauri ya haifi nawa. Hanyar nan ba gajera ba ce da za ki zubar da ƙarfinki tun daga farko, ba doguwa ba ce kuma da za ki tafi kina hutawa. Abin da kika ɓarnatar a bakin teku, tudu zai tambaye ki shi. Bar su su wuce. A hawa za ki tsince su ɗaya-ɗaya kamar gyaɗa."

Haka kuwa aka yi. Na koyi riƙe numfashi, na koyi tsayar da wuya don kada faranti ya yi rawa, na san wane dutse ne ke da santsi, na san kwanar da ake sakin jiki. Ba yabon kai ba, shekaru masu yawa ba wadda ta riga ni taka ƙofar manyan gidajen nan. Mutum ɗaya ce ta zame mini ƙarfen ƙafa, wata doguwa mai ƙafafu kamar zalɓe, kullum numfashinta yana bayan wuyana. Ita ce wannan maƙwabciyar tawa. Da can ko gaisawa ba ma yi, tsufa ne ya shirya mu.

A gindin tudu akwai dandalin masu ɗaukar kujera, wato kujerar nan mai labule da ake ɗaukar Turawa a ciki a hau da su gari. Da yawansu Hausawa ne. Suna zaune suna saƙar malafa kafin a kira su, da sun hango ni sai su miƙe suna ihu, "Ga tamu nan! A ba ta hanya!" Wallahi ina jin daɗin ihun nan. Baiwa ce ni, jikina ma ba nawa ba ne, amma wannan ɗan lokacin da nake cin tudu, ba wanda ya isa ya ce shi ya ba ni.

Sai uwargijiyarmu ta mutu, ta bar wasiyya a 'yanta ni da 'yata. A garin nan bawa ba ya sa takalmi. Kafin a tambaye ka ko kai wane ne, ƙafarka ake fara dubawa. Don haka abin da duk wanda ya sami kansa yake fara saya ke nan, ni ma kafin in sayi ko tukunya na sayi takalmi baƙi mai igiya. Wasu sukan rataya nasu a kafaɗa saboda ƙafa ta riga ta baje ba ta shiga. Ni na ce atafau, sai na sa, kuma da shi zan yi gudu, kowa ya gani.

Ku yi dariya, na ba ku izini. Ƙafar da ta san kowane dutse sai ta koma makauniya. Dugadugai suka sale, 'yan yatsu suka yi ruwa. Wata safiya bayan an yi ruwan sama, a tsakiyar hawa, santsi ya kwashe ni, ni da faranti muka yi ƙasa, gwiwata ta bugu da dutse har na ji ƙarar a cikin kaina. Doguwar nan ta tsaya a kaina, ita da ba ta taɓa tsaya wa kowa ba, ta ce, "Ki cire abin nan mana!" Na ce, "Ke ki cire idonki." Daga ranar ban ƙara gudu ba. Na kafa kasko a bakin ƙofa ina suyar ƙosai, takalmina a ƙafa. Kuma kada wani ya zo ya ce mini wauta na yi. Wanda bai taɓa ganin an dubi ƙafarsa an yi tsaki ba, ya yi shiru kawai.

To, ga mu a wannan hantsin. Na yi ƙiba, gwiwa tana yi mini ƙara in zan tashi daga sallah. Na ce da matan, "A aiki wata yarinya mana." Maƙwabciyata ta ce, "Wace yarinya? Za ta kwasa da ƙarfi, ta je ta zube a gindin tudu. Da tsohuwar zuma ake magani, ƙawata." A daidai nan 'yata ta yi wani nishi, ta ce, "Inna, zan mutu." Na durƙusa na kwance igiyar takalmi.

Har na kai ƙofa maƙwabciyata ta cafke hannuna. "Ke mahaukaciya ce? Baƙar mace, ba takalmi, ba kaya a ka, tana gudu ta gaban barikin sojan doki? Kafin ki buɗe baki sun ɗaure ki, sun ce gudowa kika yi daga gidan ubangidanki." Gaskiya ta faɗa. Tun tawayen da 'yan'uwanmu bayi suka yi aka murƙushe su a bakin barikin nan, sojojin ba su daina yi mana kallon tuhuma ba. Duk gudun da na yi a da, faranti ne ya sa ba a taɓa tare ni ba, don kowa ya san abin da ke sa mai kifi gudu.

Ta shiga ɗakinta ta fito da tsohon farantinta. Kifi babu, jirage ba su dawo ba. Sai ta ɗauki takalmana ta jera a ciki, ta lulluɓe da ganyen ayaba ya yi tozo, ta naɗa gammo ta aza mini. "Ga kifinki," in ji ta. "In ma sun tsayar da ke, ga shaidarki a ka. Jeki."

Na ce bismillahi, na fita.

Abin da ya fi kome wuya ba gwiwa ba ce. Zuciyata ce ke cewa in zuba da gudu iya ƙarfina, 'yata tana can tana mutuwa. Ga hanyar bakin teku shimfiɗe, tana kirana. Sai na ji muryar Gwaggo, wadda ta daɗe a kabari, kamar tana bayan kunnena: abin da kika ɓarnatar a nan, tudu zai tambaye ki. Na danne kaina. Ina gudu ina kuka, ina jin kamar cin amanar 'yata nake yi da kowane taku da na rage.

A ƙofar bariki wani soja ya ɗaga hannu. Na zaci tare ni zai yi. Ashe kifi yake so, yana tambaya wane iri ne. Ban waiwaya ba, gudu da waiwaya shi ke kawo mugun zato. Na ɗaga murya irin ta da na ce da shi da harshen Fotugis na Turawan garin, "An saya!" Na ji yana dariya a bayana.

Tafin ƙafata ya yi laushi saboda shekarun takalmi, tsakuwa tana cizona, amma abin mamaki, bai manta ba. Ga dutsen nan mai tsagi, ga wancan mai santsi da ake kauce wa. Da na iso dandalin masu kujera, yawancinsu sababbin fuska ne. Sai wani dattijo Bakatsine, wanda na sani tun gemunsa yana baƙi, ya saki malafar da yake saƙa ya miƙe. Ya dube ni, ya dubi ƙafata, ya kwarara ihu, "La'ilaha illallahu! Tamu ce! A ba ta hanya!" Ba ni da numfashin bayani. Na ce, "Yaya, ungozoma! Kujera!" na wuce.

Sannan na saki jiki. Ƙarfin da na ɓoye tun daga bakin teku, a nan na fito da shi. Gwiwa tana wuta, ƙirji kamar an zuba barkono, bakina ɗanɗanon jini. Ban tsaya ba sai a ƙofar ungozoma, na faɗa kan dokin ƙofarta ina nuna ƙasa da hannu. Na samu da kyar na ce, "Iya, 'yata. A gicciye."

Nan take tsohuwar ta ɗauki ƙunshinta. Amma tafiyarta sai da sanda, in a ƙasa za ta gangara, sai la'asar. Muna haka sai ga dattijon nan da abokin ɗaukarsa sun iso da kujera suna haki. Ya buɗe labule, sannan ya dubi ƙafar tsohuwar ya tsaya cak. Ita ma 'yantacciya ce, amma ba ta taɓa damuwa da takalmi ba. Ya ce, "Ƙanwata, akwai matsala. Labulen nan ba ya rufe ƙafa. In sojoji suka hangi ƙafa tsirara tana leƙowa daga kujerar Turawa, za su sauke mu su yi ta tambaya har rana ta faɗi."

Na sauke faranti, na yaye ganyen ayaba. Su duka uku suka leƙa. Dattijon ya fara dariya har da riƙe ciki, yana cewa, "Yau na ga kifi mai igiya!" Na durƙusa na zura wa tsohuwar, na ɗaure mata. Kamar don ita aka ɗinka. Suka ɗaga kujera suka yi gangare da sassarfa, ba abin da ake gani sai baƙin takalmi biyu a ƙarƙashin labule.

Ni kuwa dawowata ba gudu. Gwiwa ta kumbura ta yi kamar ƙwarya. Na gangaro ina dafa bango, faranti a ka, ina roƙon Allah da duk addu'ar da na sani, har da waɗanda na manta ƙarshensu. Sojan nan ya sake ganina ya ce ashe na sayar duka, na gyaɗa masa kai. Da na doso layinmu sai na ji shiru, ba nishi, ba hayaniya. Na tsaya a bayan ɗaki na jingina goshi da bango, na kasa shiga.

Sai kuka ya tsage, siriri, mai masifa, irin na wanda aka ɓata wa rai.

Ban san lokacin da na zauna a ƙasa ba. Maƙwabciyata ta fito hannunta jiƙe, ta gan ni, ta ce, "Tashi, ragguwa! Mace ce. Uwar ma lafiya lau, har tana neman kunu." Na ce alhamdu lillahi, na sake cewa, na yi ta cewa. Nauyin da na ɗauko tun jiya ya sauka gaba ɗaya, har sai da na ji barci yana neman kwashe ni a wurin. Ita ta kama ni ta shigar da ni, tana ta tsiya wai da ita ce ta je da tuni ta dawo ta dafa abinci.

'Yata ta buɗe ido ta ce, "Inna, da gaske gudu kika yi?" Na ce, "Ina fa, 'yar tafiya ce." Aka miƙo mini jaririya. Na buɗe zanen na kama ƙafafunta, duka biyun ba su cika tafin hannuna ba, tana ta harbin iska da su.

Ungozoma tana zaune a gefe tana shan ruwa, takalmana har yanzu a ƙafarta. Ta sunkuya za ta kwance igiyar. Na dubi nawa ƙafafun, duk ƙura da jini, sun baje a kan ƙasa mai sanyi, suna hutawa.

Na ce, "Bar su, Iya, na ba ki. Ni dama matse ni suke yi."