Ranar da Inna ta ƙwace mini kofin ruwa

"Ke! Gidan za ki ƙona muna?" Inna ta fizge kofin ruwan daga hannuna.

Giyoza nake yi, wani abincin Japan da na gani a bidiyo. Kwaɓin fulawa ake murzawa fele-fele, a ƙunshe nama da ganye a ciki. Su can Japan naman alade suke sawa, ni kuwa na daka tarwadar da Baba ya kawo daga bakin ruwa, na haɗa da lawashi.

Na ce, "Inna, haka ake yi. In ƙasan ya soyu sai a zuba ruwa a rufe."

"Tun kafin a haife ki nike tuyar ƙosai a Yelwa. Ruwa cikin mai? Ba gidan ga ba!"

Kaskon farko ya fito ƙasa baƙi, sama ɗanye.

Tana tayar da sallar la'asar na ɗora kasko na biyu, na zuba ruwana, caaa! Ba damar magana, sai gyaran murya take.

Da ta sallame ta ɗanɗana, ta ja farantin gabanta. "Ba laihi. Amma kihinmu ne ya cece su."

Ni sai ƙanzo na samu. Ku naku iyayen sun taɓa yarda an fi su gaskiya a kicin?