Gonar Mahaifiyata da Kafintan Al-Oud

Shekarun baya, lokacin ina aiki a wani shagon kujeru da gadaje a Al-Oud, wata unguwa a ƙasar Larabawa, kafintanmu wani dattijo ne ɗan kudancin Indiya. Shi ke haɗa kaya, ni ke ɗorawa a mota in kai gidajen mutane. Larabcinmu duk na kasuwa ne, sai an haɗa da nuni da hannu. Da farko ban saki jiki da shi ba, don na taɓa ganin hoton jar tuta mai lauje da guduma a wayarsa. Na ce a raina ashe ɗan gurguzu ne, irin waɗanda aka ce ba ruwansu da addini. Sai ga shi kullum yana sahun gaba a masallaci, ni mai zargin ina can baya ina neman wurin ajiye takalmi.

Ana gab da damina mahaifiyata ta kira ni daga ƙauyenmu, can wajen Maradi. Gonar da mahaifina ya noma tun kafin a haife ni aro ce daga wani gidan masu hali, duk kaka ana kai musu kasonsu. Bayan rasuwarsa, ɗan mai gonar ya aiko cewa kada ta yi shuka bana, ya yi wa wani ɗan kasuwa alkawarinta. Ga shi daga gonar nan take ci ita da ƙannena. Nan take na yanke zan tafi gida, ko kafil, wato maigidan da ya ɗauki nauyin zamana a ƙasar, ya yarda ko bai yarda ba, aikin ma ya tafi. Abin da zan yi in na isa kuwa ban tsaya tunaninsa ba.

Da rana dattijon ya ga na kasa cin abinci, ya tambaye ni, na gaya masa. Ya ce in na je, mu nawa za mu tsaya a gonar? Na ce ni kaɗai mana. Sai ya ba ni labarin kakansa, wanda shi ma manomin aro ne, yana noman shinkafa a gonar wani. A zamanin Turawa, duk ranar da mai ƙasa ya ga dama sai ya kori mutum. Manoman suka kafa ƙungiya, suka yi alkawari cewa gonar da aka kori wani babu mai karɓarta, kuma ranar shuka kowa zai fito ya shuka wa wanda aka kora. An daki kakan nasa, an ɗaure shi, matar kakan ce ke kai abinci ga waɗanda suka ɓuya. Bayan shekaru aka yi dokar da ta ba masu noma ƙasar da suke nomawa, kuma a kan wannan ƙasa aka haifi shi dattijon. Ya ce tutar da na gani ta kakansa ce.

Sannan ya ce, "Sadiƙ, da kakana shi kaɗai ya je, sanda ɗaya ta ishe shi. Ku a garinku ba a taruwa a yi wa mutum noma?"

Kunya ta kama ni. Gayya fa, wadda na tashi a cikinta, sai da ɗan Indiya ya tuna mini.

Na kira mahaifiyata na zayyana mata. Sai ta ce, "Kai dai zauna ka riƙe aikinka. Ka bar mini wannan."

Ashe gida-gida ta bi, ta fara da matan da mazansu ke noman gonar aro, kuma suna da yawa fiye da yadda na sani. Washegarin ruwan farko gonar ta cika da mutane, babu mai sanda, sai sungumi da ƙwaryar iri. Kafin azahar an gama shuka. Ɗan kasuwan ya zo ya gani, ya ce ba ya son gonar da za ta haɗa shi da gari guda. Magana ta je gaban mai gari, aka bar wa mahaifiyata ɓangare mafi girma ta ci gaba da nomawa tana ba da kaso, sauran ya koma hannun masu ita. Ba duka muka samu ba, amma ƙannena sun ci geron wannan shekarar.

Da na kai wa dattijon labari, yana cikin goge katako, bai ma ɗago ba. Ya ce Alhamdulillah, sannan ya ce in gaya wa ƙannena duk ranar da aka taɓa gonar wani daga cikin waɗanda suka fito, su riga kowa zuwa. Na gaya musu, kuma ranar ta zo, sun je.

Ya daɗe da komawa ƙasarsu, lambarsa ma ta daina shiga. Ni ban san siyasar Indiya ba, ban kuma zama ɗan jam'iyyar kowa ba. Abin da na sani shi ne wasu manoma da ban taɓa gani ba sun sha duka a wata ƙasa mai nisa, kuma albarkacin wahalarsu ta iso har gonar mahaifiyata. Har yau in tana yi wa mahaifina addu'a, takan haɗa da kakan mutumin nan, duk da ba ta san sunansa ba.