Shekarar Da Muka Gaji Da Naman Kaza

Wata safiyar Talata, cikin sanyin shekarar 2006, na dawo daga rijiya da tulu a kai na tarar da tsakar gidanmu fal da gashin kaji. Innata da ƙannen babana sun kewaye tukunyar ruwan zafi suna fiɗa da figa. Rediyo ya kwana biyu yana maganar murar tsuntsaye da ta ɓulla can kudu, sai wani direba ya zo ƙauyenmu na ƙasar Tarka ya ce ya gani da idonsa, masu fararen kaya na tara kaji suna ƙonewa. Dattawa suka yanke shawara: gara mu ci abinmu da a ƙone mana.

Ina da kaza guda, mai wake-wake, wadda kakata Iya ta ba ni. A wurinmu haka yarinya ke fara dukiya: kaza ta yi 'ya'ya, a musanya su da akuya. Kullum kafin in tafi lakwal, wato makarantar boko, sai na tono mata gara a bayan rumbu, in an tashi kuma in zauna gadin shirwa har in rasa wasan carafke. A lokacin tana kwanci. Na roƙa, na yi birgima, na ƙi cin tuwo, aka bar mini ita har ta zama ta ƙarshe a unguwa. Ranar da aka ce motar masu fararen kayan tana hanya, Iya ta ɗago ta daga kan ƙwai da hannunta. "Haƙuri za ki yi, jikalle, gara wuƙa da wuta." Mun ci nama har warinsa ya riƙa tayar mana da zuciya, mu da sai da salla muke ganinsa.

Washegari motar ta iso. Mutum biyu ne, a gajiye, da akwatin ƙanƙara da 'yan tsinkayen auduga. Babbansu ya leƙa akurki bayan akurki, ya dawo ya tsuguna gaban Iya. "Inna, ina kajin? Maƙogwaronsu kawai za mu shafa mu kai a duba, lafiya lau za mu bar muku su." Iya ba ta dube ni ba.

Yau kowace cuta kan iso wayata kafin ta iso gari, da bayani iri-iri, har na gaji da karantawa. Iya ta rasu, akuyar kuma ban taɓa samunta ba. Har yanzu in zakara ya yi cara, ƙwan nan da suka huce a akurki nake tunawa.